Kugin tayar gaba ya dawo bayan na canja boris, ina mafita?

Mai Hilux na Kurna:

Assalamu alaikum jama'ar gida. Ina neman shawarar waɗanda suka san mota. Hilux ce da ni ƙirar 2010, mai jan taya huɗu, da ita nake ɗauko hatsi daga Dawanau ina raba wa masu shaguna a cikin gari. Wajen farkon damina ta fara wani kugi daga gaba, kamar jirgi na wucewa can nesa. In ina tafiya a hankali babu komai, amma da maleji ya haura 50 sai ya taso, in na kai 80 har rediyo ba na ji sosai. Na kai ta wani gareji, bakaniken ya ce boris ɗin dama ne, wato zoben ƙarfe mai 'ya'ya a ciki da taya ke juyawa a kansa, na ba da kuɗi aka sayo aka ɗaura. Ta yi shiru wata biyu da 'yan kwanaki. Yanzu ga shi kugin ya dawo, har ya fi na da, kuma fitilar ABS, wato tsarin da ke hana taya cijewa in an taka birki da ƙarfi, tana kamawa tana ɗaukewa. Na koma wurinsa, ko jak bai sa ba ya ce wai yanzu na hagu ne, in kawo kuɗi. Ni kuma zuciyata ba ta kwanta ba. Yaya zan gane da kaina wanne ne? Kuma zan iya lallaɓawa da ita zuwa ƙarshen wata? Kaya na jirana.

Baban Khalifa:

Wa alaikumus salam. Kafin ka kashe ko sisi, duba tayoyinka tukuna. Shafa tafin hannunka a kan kowace tayar gaba, in ka ji ta yi tudu da kwari kamar haƙoran zarto, to taya ma tana irin wannan kugin. Ni sai da na canja boris biyu a banza kafin mai faci ya nuna mini. Ka sa a mayar da na gaba baya, na baya gaba. In kugin ya bi su ya koma baya, ka huta.

Mai Hilux na Kurna:

Na gode Baban Khalifa. Tayoyin ba su fi wata biyar ba, na shafa yanzu, sumul suke.

Oga na Ƙofar Ruwa:

Alhaji, sannu da fama. Shekara ashirin da wani abu ina aikin ƙasan mota, kuma abin da ba na so a sana'ar nan shi ne mutum ya yanke hukunci da kunne kawai yana tsaye. Ƙarar boris tana bin ƙarfen mota, sai ka rantse daga hagu take alhali dama ce. Don haka ga yadda za ka yi.

Ka fita da ita ba lodi, da sassafe, a titi mai kyau da ba cunkoso. In kugin ya taso, sa giya a firi ka ɗaga ƙafa daga totur. In ya ci gaba yadda yake, ba ruwan inji ko giyabos, abin yana bin juyawar taya ne. Sannan ka ɗan karkata sitiyari hagu, ka dawo dama, a hankali fa, ba fizga ba. Mota in ta yi kwanar hagu nauyinta kan dama yake komawa. To in kugin ya ƙaru a kwanar hagu ya lafa a ta dama, boris ɗin dama ne ake zargi. Ko a shataletale za ka lura, tunda mu hagu muke zagaya shi, tayar dama ce ke shan nauyi. Amma wannan alama ce kawai, ba a sayen kaya a kanta, don boris ɗin motarka layi biyu ne a ciki, wani lokaci yana ruɗar mutum.

Tabbaci yana kan jak. A ɗaga gaba, a sa mata abin tokare mai ƙarfi, kada kowa ya sa hannu a ƙarƙashi jak kaɗai na riƙe da ita. Kama tayar da hannu ɗaya a sama ɗaya a ƙasa, ka jijjiga ciki da waje. Lafiyayyen boris na irin motarka ba ya motsi ko kaɗan. In ka ji ƙwas-ƙwas, sa yaro ya taka birki ya riƙe, ka sake jijjigawa. In motsin ya ɓace, boris ne, don birki ya damƙe faifan ya hana shi wasa. In yana nan duk da birkin, nemi bol joyin. In kuma sai ka kama ta gefe da gefe take motsi, wannan maganar tayarod ce.

Sai abu na ƙarshe, wanda ni na fi yarda da shi. Ɗora hannu ɗaya a kan sifirin, ka juya tayar da ɗaya hannun da ƙarfi. Boris da ya ci kansa za ka ji gurzarsa a yatsunka ta jikin sifirin, kamar ana niƙa tsakuwa. Ka yi wa hagu, ka yi wa dama, hannunka zai faɗa maka bambancin. Akwai boris mai kugi da ba ya jijjiga sam, wannan gwajin ne yake tona shi.

Tsohon Direba:

Yaran zamani kun cika son canje-canje. Mu da muka yi Hilux a hanyar Haɗeja shekara da shekaru, in boris ya fara wasa buɗe hob ake yi, wato cibiyar da ake ɗaura taya a kai, a wanke da kananzir, a cusa giris sabo, a ɗan ƙara ɗaure noti, mota ta koma aiki. Ɗana, ka nemi tsohon bakanike ya yi maka haka, ba sai ka sayi komai ba.

Oga na Ƙofar Ruwa:

Baba, Allah ya ƙara girma, maganarka gaskiya ce a kan motocinku. Tsofaffin Hilux na kafin 2005 boris biyu ne masu siffar mazurari a kowace taya, na ciki da na waje, ana wanke su a sa giris, kuma da noti ake daidaita su. Amma daga ƙirar 2005, wadda muke kira Vigo, masu jan taya huɗu a rufe boris ɗinsu yake zuwa, da giris ɗinsa a ciki tun daga kamfani. Ba a buɗe shi, ba a gyara masa zama. In ya fara kuka sai dai a fitar da shi.

Tsohon Direba:

To, Allah ya kyauta. Shi ya sa har gobe ban sayar da tawa ba.

Ɗan Sabon Gari:

Ni tambayata ɗaya ce, Alhaji: ka ga kwalin boris ɗin da aka ɗaura maka da idonka? Ina sayar da kayan mota, na san abin da ke kasuwa. Sunayen da aka sani a boris su ne irin Koyo da NSK da NTN, duk na Japan, kuma saboda an san su ne masu jabu suke buga sunansu a kwali. Abu ɗaya sai ka same shi kashi uku a layi ɗaya, kowanne da kuɗinsa. In ka ba yaron gareji kuɗin mai kyau ka ce ya je ya sayo, to ka bar wa Allah. Ka je da ƙafarka, ka tafi da lambar shasin motar, ka duba rubutun da ke jikin ƙarfen ko ya fita tsaf, ka juya shi a hannu ka ji. Wanda kuɗinsa ya faɗi ƙasa warwas, ka san araha ba ta ado. Kuma don Allah ban da ɗan Beljiyam a wannan wurin. Ƙofa ko fitila ka sayi na hannu, ba laifi, amma boris ba ka san tafiyar da ya riga ya sha ba.

Mai Hilux na Kurna:

Wallahi ban ga kwali ba. Ina zaune a benci ina waya, na dai ga sun cire abin sun kai bayan gareji, ina ta jin bugun guduma, can suka dawo suka ɗaura.

Oga na Ƙofar Ruwa:

Guduma? To Alhaji ai ka gama ba mu labari. Ko orijina ne aka sayo maka, an kashe shi tun bai taka kwalta ba. Hob ɗin matsa shi ake yi cikin boris da injin matsi, a hankali, a miƙe, kuma a tokare zoben ciki don kada ƙarfin ya bi ta kan 'ya'yan boris. In aka yi ta dukansa, kowane bugu sai 'ya'yan sun bar ɗan lotso a hanyar da suke gudu. Ido ba ya gani, ranar farko shiru za ka ji. Sai an yi sati shida, takwas, lotson ya faɗaɗa, kugi ya dawo. Lissafin wata biyunka ya yi daidai da haka.

Ga kuma babban notin shaf na tsakiya. Yawanci sai a zura bututu a sifana, ƙato ya hau ya taka har sai ya gaji, ko kuma a ɗaure shi sama-sama. Littafin motar ya ce ƙarfin ɗaurinsa 235 Nm ne, kuma da sifana mai awo ake kai shi, sannan a sa murfinsa da sabon fin. Ka tambayi duk wanda zai yi maka aikin ko yana da ita. In ya yi dariya ya ce hannunsa ne awo, ɗauki motarka ka ƙara gaba. A sa sabon sil kuma, wato robar da ke hana ruwa shiga, kada a mayar da tsohon. Ruwan da muke kutsawa a titunan garin nan cikin Agusta, in sil ya saki, shiga yake ya wanke giris ya bar tsatsa. Haka masu wankin mota da ke saita bakin injin feshi a tsakiyar wili.

Maman Amira:

Ni ba bakanikiya ba ce, amma a kan maganar lallaɓawa zuwa ƙarshen wata nake so in ce wani abu. Maigidana ya yi irin wannan lallaɓawar da motar shagonmu. Suna dawowa daga Wudil da kaya tayar gaba ta yi zafi har tana hayaƙi, ta cije, motar ta ja su gefen titi. Allah ya tsare ba wanda ya ji ciwo, amma maimakon boris kaɗai sai da aka sayi hob da faifan birki, ga kuɗin janwe. Alhaji, ka yi haƙuri ka ba wani hayar kai kayan na kwana biyu.

Injiniya Gwale:

Ƙari a kan fitilar ABS. Na'urar da ke ƙirga juyawar taya a jikin wurin boris ɗin take zaune, tazararta da abin da take karantawa kaɗan ce ƙwarai. In boris ya fara wasa tazarar tana canjawa, kwamfutar motar ta ga lissafin taya ɗaya ya saɓa da sauran, sai ta kunna fitila. To fitilar da ke kamawa tana ɗaukewa ta dace da boris mai motsi. In aka sa na'urar bincike za ta faɗi ko tayar hagu ce ko ta dama, wannan ma wata shaida ce. Birkinka na nan yana aiki, sai dai in fitilar na kunne ABS ɗin ba ya taimaka maka a taka birkin gaggawa. Wata dabara kuma: bayan tafiyar kamar kilomita goma ba tare da yawan taka birki ba, kusantar da bayan hannunka tsakiyar wili na hagu da na dama. Wanda ya fi zafi sosai akwai magana, ko boris ko birki mai kamewa. Kada dai ka taɓa faifan.

Baban Khalifa:

Tunda za a buɗe, ba gara ya canja duka biyun ya huta ba?

Oga na Ƙofar Ruwa:

Ba dole ba ne. Birki da shokozoba su ake canjawa biyu-biyu. Boris in na hagu ya ci gwaji, a bar shi. Na kamfani da ke zaune lafiya ya fi sabon da ba a san asalinsa ba. Abin da zan ce kawai, Alhaji ya rage wa baiwar Allahn nan lodi. Na san ku 'yan Dawanau, sai kun ga bayanta ya kusa shafar ƙasa kuke cewa ta cika, ga ramuka.

Mai Hilux na Kurna:

Jama'a na dawo da bayani, Allah ya saka da alheri. Jiya bayan sallar asuba na bi titin Katsina na yi gwajin sitiyari, a kwanar hagu kugin yake ƙaruwa. Na kai ta wani garejin daban aka ɗaga. Tayar hagu, wadda aka ce in kawo kuɗinta, ko motsi ba ta yi, a sifirin ma ban ji komai ba. Ta dama kuwa, mai sabon boris, tana ƙwas-ƙwas, da aka taka birki ya ɗauke. Da aka zo kwance notin tsakiya bai yi wani gardama ba, kuma ƙusa aka lanƙwasa a madadin fin. Sil ɗin ma tsohon ne aka mayar, giris ɗin ciki ya koma ruwan ƙasa.

Na je kasuwa da kaina na sayo boris da sil da fin, na tsaya a kansu aka matsa shi a inji, aka ɗaure da sifana mai awo har ta yi ƙas. Na je Dawanau na dawo, shiru kake ji. Sai dai fitilar ABS yanzu ta zauna daram ba ta ɗaukewa. Oga, ko an taɓa wani abu ne?

Oga na Ƙofar Ruwa:

Madalla. Ka koma su cire tayar su duba wayar na'urar tun daga hob har inda ta shiga jikin mota. Ko ba su mayar da soket ɗin ya zauna ba, ko an bar ta tana lilo lokacin aiki ta tsinke daga ciki, ko kuma kanta ya kwashi garin ƙarfen tsohon boris ɗin. A zaro ta a goge da tsumma mai tsabta, ban da tsinken ƙarfe. In an yi haka fitilar ba ta mutu ba bayan 'yar tafiya, sai a sa na'ura a karanta abin da take ƙorafi a kai kafin ka sayi sabuwa.

Tsohon Direba:

Tawa dai ba ta da wannan fitilar balle ta dame ni.