Jama'a, wace kalma za mu ba "fafomans at" da Hausa?

Salam 'yan uwa, dan Allah masana harshe ku matso kusa. Jiya ina rubutu kan wani ɗan Indiya, Nikhil Chopra, sai na cije a kalma ɗaya, wato sunan sana'ar tasa, abin da Turawa ke kira fafomans at (performance art).

Bari in fara faɗa muku abin da mutumin yake yi. A Kolkata aka haife shi a 1974, ya yi karatun zane a Baroda sannan ya ƙaro a Amurka, yanzu yana zaune a Goa. Shi ba ya zana hoto a ɗaki ya kawo a rataye, a'a, shiga yake yi ta wani mutum daban, wanda aka fi sani shi ne Yog Raj Chitrakar da ya ƙirƙiro daga rayuwar kakansa mai zanen tsaunuka da filaye, sai ya tare a wuri ɗaya yana zane da gawayi a jikin bango ko ƙaton ƙyalle, a nan zai ci abinci, a nan zai yi aski ya sake kaya ya kwanta barci, mutane suna shigowa suna kallo suna fita. A 2019 kwana 9 ya yi haka a gidan tarihi na Met da ke New York. A 2017 kuma ya taso daga Atina ta Girka a mota har Kassel ta Jamus, yana kafa tanti yana zane a hanya.

To wani malamina ya ce a sa wasan kwaikwayo a huta. Allah gafarta malam, ban yarda ba. Mai kwaikwayo in ya kwanta a dandali ƙaryar barci yake, shi kuwa wannan barcin gaske ne, gajiyar ma ta gaske ce, ba kuma labarin da ake bi daga farko zuwa ƙarshe.

Wata 'yar uwa ta kawo zanen jiki. Wannan kam da an ji sai hankali ya tafi kan lalle ko tsagar fuska. An kuma ce ai kamar 'yan kama ne ko 'yan tashe tunda akwai shigar burtu, na yi dariya sosai, akwai ƙamshin gaskiya amma su raha suke nema.

Ni dai inda na tsaya shi ne fasahar jiki kai tsaye. Jikin ne kayan aikin, kai tsaye kuma kowa ya saba jinta a rediyo, abu na faruwa kana gani. Ta yi tsawo na sani, in ana sauri a ce fasahar jiki kawai, mai yinta kuma mai fasahar jiki. Matsalar ɗaya, wani zai zaci 'yan ɗaga ƙarfe ake nufi. Wanda yake da gajeriya ya ajiye mana a ƙasa kafin Juma'a, ranar zan miƙa rubutun.