Neman shawara: ina son digiri na biyu a kan siyasar Latin Amurka, Kawu ya ce wa zai ɗauke ni aiki?

Mai tambaya:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. A yi haƙuri, rubutun zai ɗan yi tsawo. Na karanta kimiyyar siyasa, na gama bautar ƙasa bara. Tun muna aji uku, da aka koya mana ra'ayin nan na cewa ƙasar da ke sayar da ɗanyen kaya tana sayo sarrafaffe kullum ita ce a ƙasa, hankalina ya koma Latin Amurka, don daga can maganar ta fito. Yanzu ina so digirina na biyu ya kasance a kan siyasa da cigaban yankin.

Abu biyu suka tsaya mini. Na farko Kawu, wanda shi ya riƙe ni tun rasuwar Baba kuma shi zai taimaka da kuɗi. Da na faɗa masa sai ya cire gilashinsa ya ce, "To idan ka gama, wa zai ɗauke ka aiki da wannan?" Shi so yake in karanta harkar gudanarwa, ko wani abu da ya shafi Cana. Na biyu, ba na jin Sifaniyanci ko na sisin kwabo. In nemi Ingila inda ake koyarwa da Turanci, ko in daure in koyi harshen in tafi can? Don Allah masu sani a taimaka.

Wani malamin jami'a:
Wa alaikumus salam ƙanena. Kafin a kai ga maganar Kawu, ni ma ina da tambaya: wace Latin Amurka? Ƙasashe ne kusan 20, daga Meziko har Ajantina, kuma Cile da Honduras ba su fi Afirka ta Kudu da Nijar kama da juna ba. Babu wanda zai ba ka tallafin karatu don ka ce "ina son yankin". Tambaya ɗaya ake so ka zo da ita.

Ra'ayin da ka ambata na Raúl Prebisch ne, ɗan Ajantina, wanda ya shugabanci hukumar tattalin arziki ta Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da yankin, CEPAL, daga 1950 zuwa 1963. Hedikwatarta na Santiyago har gobe. Shawararsu ita ce kowace ƙasa ta kafa masana'antu ta riƙa yin abin da take shigowa da shi, ta kare su da haraji. An yi, an ga haske na wani lokaci, sannan bashi ya taru. A watan Agustan 1982 Meziko ta ce ba za ta iya biya ba, sauran suka biyo baya, aka shiga shekaru goman da suke kira ɓatattu. Maganin da IMF da Bankin Duniya suka ba su, na karya darajar kuɗi da sayar da kamfanonin gwamnati da janye tallafi, shi ne muka sha a 1986 da sunan SAP zamanin Babangida. Ka ga ke nan ba labarin wata duniya za ka karanta ba. Sun riga mu shiga, sun kuma rubuta abin da suka gani dalla-dalla, mu ne ba mu cika karantawa ba.

Wani ma'aikacin gwamnati a Kaduna:
Dakta, da girmanka, amma gaskiya Kawu bai faɗi ƙarya ba. Ku malaman jami'a kun saba zuga yara. Jami'a nawa a ƙasar nan ke da sashen nazarin Latin Amurka? Yaro maraya, kuɗin wani za a kashe. Ya yi abin da zai ci abinci da shi, sha'awar ya riƙa yinta da daddare a waya.

Wata mai aiki da ƙungiyar raya ƙasa:
Yallabai na Kaduna, rabin maganarka gaskiya ce. Ba a ɗaukar mutum don ya san sunayen shugabannin Bolibiya. Amma bari in faɗa maka abin da nake gani a wurin aiki. Wannan tsarin na ba wa iyaye mata kuɗi a hannu da sharaɗin yara su je makaranta a kai su asibiti, wanda yanzu ake ta yi a Afirka har da nan gida, daga ina ya bazu? Meziko ta fara Progresa a 1997, Barazil ta kawo Bolsa Família a 2003. Abin da ya sa Progresa ya yi suna shi ne tun farko an ware ƙauyukan da aka fara ba wa da waɗanda za su jira, aka auna bambancin da alƙaluma. Duk taron da muka zauna a kan tallafin kuɗi sai an ambace shi, kuma yawanci baƙon da aka ɗauko daga waje ne ke ambatonsa, mu muna gyaɗa kai.

Don haka ƙanena, ko ina ka je, ka tabbata kwas ɗin yana da darasin ƙididdiga da hanyoyin bincike. Wannan ne abincin. Tun yanzu ma ka shiga intanet ka sauke bayanan Latinobarómetro, masu tambayar jama'ar yankin ra'ayinsu tun 1995, ka ajiye kusa da na Afrobarometer, masu yin irin wannan aiki a Afirka, ka fara wasa da su.

Wani da ya yi karatu a Sifaniya:
Ni harshen zan taɓa. Akwai wurare masu kyau da Turanci, kamar cibiyar Latin Amurka ta Oxford da cibiyar nazarin nahiyoyin Amurka ta UCL a Landan, kuma ana iya neman tallafin karatu na gwamnatin Birtaniya mai suna Chevening. Sai dai kuɗin Ingila ba na Kawu ba ne in ba a samu tallafi ba. Sannan ko can ɗin, ranar da ka zo rubuta kundi za ka tarar jaridun, dokokin, muhawarar majalisa, duk da Sifaniyanci suke. Wanda bai ji ba, abin da Bature ya ga dama ya fassara shi kaɗai zai ci.

Harshen ba shi da wuyar karatu, yadda aka rubuta haka ake faɗa, wasulansa biyar kamar namu. Inda ake shan wuya shi ne sarrafa aikatau da kuma saurin bakinsu. Na shiga aji ina ji da kaina, malamin na fahimtarsa sarai, sai wata ɗaliba 'yar Cile ta ɗaga hannu ta yi magana. Wallahi ban tsinci ko kalma biyar ba, duk ƙarshen kalmomin ta haɗiye. Ka sa wa ranka matakin B2 a jarrabawar Sifaniyanci ta DELE ta cibiyar Cervantes, shi ne yawancin makarantu ke nema.

Wuraren dubawa: Jami'ar Salamanca na da cibiya ta musamman a kan yankin, kuma tana cikin wani shirin digiri na biyu na Tarayyar Turai (Erasmus Mundus) mai suna LAGLOBE tare da jami'o'in Stockholm da Sorbonne Nouvelle. A can yankin kuwa akwai FLACSO, makarantar nazarin kimiyyar zamantakewa ta yankin, wadda aka kafa a 1957, tana da rassa a Kito da birnin Meziko da Buenos Aires. Gwamnatin Meziko ma na ba baƙi tallafi ta hukumar AMEXCID. Kada ka ɓata lokaci a kan Fundación Carolina, galibi 'yan yankin ake yi wa. Kuma ka tuna Barazil, wadda ta fi kowa girma, Fotugisanci take yi.

Wani daga Damagaram:
In da Faransanci gare ka da ka huta, mu nan wanda ya yi lise, wato babbar sakandare, yakan ɗauki Sifaniyanci da sauri. Gyara kaɗan ga maganar Barazil: kada a jefar da ita. Hausawan da aka kai Bahiya bauta sun shirya bore a 1807, kuma suna cikin Musulmin da suka tashi a Salbado a 1835. Wannan ma fage ne, ko da yake na tarihi ne ba na cigaba ba.

Wani matashi:
Ni dai in ka je Ajantina a gaishe min da Messi.

Mai tambaya:
Allah ya saka da alheri baki ɗaya, har da Yallabai na Kaduna, don maganarka ita ce ta Kawu kuma dole in samo mata amsa. Dakta, game da tambaya ɗaya: me ka gani in na ɗauki janye tallafin man fetur? Na ga abin da ya faru nan a Janairun 2012, da kuma bayan 29 ga Mayun 2023.

Malamin jami'a:
Yanzu ka zo. Ƙasashe biyu za ka duba. A Benezuwela, Fabrairun 1989, gwamnatin Carlos Andrés Pérez ta ƙara kuɗin mai, kuɗin mota ya tashi, tarzoma ta ɓarke daga garin Guarenas ta cinye Karakas, sojoji suka kashe ɗaruruwan mutane. Bayan shekara uku Hugo Chávez ya yi yunƙurin juyin mulki, a 1998 kuma ya ci zaɓe. A Ikwado, Oktoban 2019, Lenín Moreno ya janye tallafin da doka, ƙungiyar 'yan asalin ƙasar, CONAIE, ta cika Kito har gwamnati ta koma Guayaquil, kafin mako biyu ya soke dokar.

Ni Ikwado zan zaɓa maka, don abin sabo ne, waɗanda suka yi suna raye, ga FLACSO a garin. Tambayar ita ce: me ya sa can gwamnati ta ja da baya gaba ɗaya, nan a 2012 aka rage farashi kawai, a 2023 kuma abin ya zauna? Wa ke iya tara jama'a, ƙungiyar ƙwadago ko ta manoman karkara, kuma me aka ba su suka koma gida? Amma ka yi hattara, Ikwado ta jefar da kuɗinta ta koma dalar Amurka tun 2000, saboda haka faɗuwar naira da ta haɗu da tsadar mai a nan ba ta da takwara a can. Duk wanda zai karanta takardarka zai fara da wannan.

Maganar Kawu kuma, kada ka sake ce masa "Latin Amurka". Ka ce za ka karanta yadda ake janye tallafin mai ba tare da gari ya kama da wuta ba, kuma kuɗin makaranta wasu za ka nema su biya, shi na koyon harshe da jarrabawa kawai za ka roƙa. Ka rubuta shafi ɗaya a kan tambayar, ka turo mini ta akwatin sirri kafin ƙarshen wata in duba.