Hotunan zamanin Sardauna a cikin sabon fim: ina ake samu, yaya ake sakawa?

Ɗan Fagge:
Assalamu alaikum. Ana shirya fim ɗin tarihi na minti 45 kan Jamhuriya ta Farko, ana son ainihin hotunan lokacin: hawan daban da aka yi wa Sarauniya Elizabeth a Kaduna a 1956, da bikin 'yancin kai na 1960. Da yawansu suna YouTube. A sauke a saka kawai, ko da wata hanya?

Malam Furodusa:
Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, kada ka soma. Yawancin hotunan nan na kamfanonin labarai na waje ne, British Pathé, ko Reuters, ko AP mai riƙe da tsofaffin labaran British Movietone. Kallo suka bar maka, ba su ba ka izinin sakawa a fim ba. Ranar da ka ɗora fim ɗin, na'urar YouTube za ta iya gane hoton, a toshe shi ko kuɗin talla ya koma wurinsu, gidan talabijin mai tsari kuwa sai ya ga takardar lasisi.

Ka rubuta lambar kowane fim da daƙiƙar da za ka fara da inda za ka tsaya, ka tura musu. Za su tambaye ka inda za a haska, talabijin ko silima ko intanet, a Najeriya kaɗai ko duniya duka, kuma na shekara nawa. Da wannan ake yanka farashi. Ka yi editin da kwafin gwaji mai ɗauke da tambarinsu, sai ka gama yankawa tsaf sannan ka biya kuɗin abin da ya shiga. Mai biya tun farko yakan sayi abin da zai zubar. Ka kuma tambaya ko lasisin ya haɗa da kiɗan da ke ƙarƙashi, sau da yawa haƙƙinsa daban ne.

A gida ka gwada ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Najeriya a Jos, da NTA. Takardu da hotunan kati kuma Gidan Arewa da Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa, duk a Kaduna.

Hajiya Edita:
Malam ya gama da takarda, saura teburin editin. A faɗi da tsayi, tsohon hoto 4:3 ne, naka 16:9, wato naka ya fi faɗi. In ka ja shi ya cika allo, dawakai su kumbura, in ka zuƙo shi kuma rawunan sarakuna su yanke. Bar masa baƙi a gefe biyu. Fim ɗin majigi firam 24, wato hotuna 24 a jere, yake tafiya a daƙiƙa, talabijin ɗinmu 25. Kada ka bari manhaja ta riƙa maimaita firam, sukuwa za ta riƙa tsalle. Ƙara masa sauri da kusan kashi 4 cikin 100, sannan ka gyara murya don kada ta sirance.

Abin da aka kwaso daga kaset, U-matic ko Betacam ko VHS, layi-layi yake zuwa, girmansa ɗigo 720 a faɗi da 576 a tsayi. Sai an haɗe layukan kafin a ƙara girma, in ba haka ba duk abin da ya motsa zai fito da haƙora kamar matsefi. Ka nemi ProRes, nau'in fayil mai riƙe ingancin hoto, kada ka karɓi MP4 da aka matse.

Baba Mai Majigi:
In kaset ya yi funfuna ko yana mannewa, kada a saka shi a na'ura, zai toshe kan na'urar, shi ma ya ɓare. Fim mai warin tsami ya fara ruɓewa, a ware shi daga sauran a kwafe da wuri.

Sai batun saka launi da kwamfuta, wanda ni ban yarda da shi ba. Na'ura cinta take yi, jan kayan dogari da korensa sai ta mai da su ruwan ƙasa. Kuma ba duk hawa ne na 1956 ba, ana yawan ɗauko hawan sallar wani gari a liƙa. Ka duba takardar bayanin fim ɗin a ma'ajiyar, ka rubuta gari da shekara a ƙasan allo duk inda tsohon hoto ya shigo.