Shawarwari ga Kamfanin da Hukumar FEC Ta Aiko wa Sammaci

Waɗanda suka tattauna batun abin da ya kamata kamfani ya yi idan aka aiko masa da sammaci kan kuɗin siyasa sun yarda cewa hukumar zaɓe ta tarayyar Amurka, FEC, tana da ikon tilasta wa jami'in kamfani ba da shaida bisa rantsuwa kan kuɗin da aka kashe a siyasa, muddin huɗu daga cikin kwamishinoninta shida sun amince, kuma idan ya ƙi sai ta garzaya kotun tarayya.

Shawarar da aka fi nanatawa ita ce kada a yi jinkiri, domin wanda ke neman a soke sammacin yana da kwana 5 ne kacal daga ranar da takardar ta shiga hannunsa. Daga nan kuma kada a goge saƙon imel ko ɗaya, ko rasiɗin kuɗin talla.

An ja kunnen masu fakewa da hukuncin da Kotun Ƙolin Amurka ta yanke a shari'ar Citizens United a 2010, wanda ya halatta wa kamfanoni kashe kuɗi a siyasa da kansu ba tare da haɗa kai da ɗan takara ba, amma bai ba su damar ba ɗan takara kuɗi kai tsaye ba. Jami'i na iya yin shiru don kare kansa, sai dai kamfani ba shi da wannan kariya, dole ya miƙa takardunsa. A ganina, nan ne ya kamata jami'in ya nemi lauyansa daban da na kamfani.