Rana ɗaya a Hakone: tarihi, dutsen wuta da abin da za mu ci

Ɗan Ƙofar Guga:

Assalamu alaikum jama'a. A watan Nuwamba, in Allah Ya kai mu, zan raka Kawuna daga Katsina zuwa Tokiyo kan harkar kayan gyaran mota. Rana ɗaya tak ta rage mana babu aiki. Kawu mutum ne mai son tarihi, ni kuma ina so in ga dutse mai aman wuta da idona, sai aka ce mana mu je Hakone. To mu shiga babbar motar 'yan yawon buɗe ido ne, ko mu ɗauki ɗan jagora namu mu bi jirgin ƙasa? Kuma me za mu ci a can wanda ba mu da shakka a kansa? Kawu ya haura sittin, yana da asma, takan motsa masa da hunturu.

Malam na Rafindadi:

Wa alaikumus salam. Ƙanena, tunda Kawu tarihi yake so, ka bar babbar mota. Yawancinsu haɗa dutsen Fuji da Hakone suke yi a yini guda, rabin ranar a kan titi take ƙarewa, kuma duk inda aka tsaya minti talatin ne ko arba'in, a ɗau hoto a koma mota. Ku nemi ɗan jagora naku, ku bi jirgin ƙasa.

Daga tashar Shinjuku da ke Tokiyo jirgin kamfanin Odakyu da ake kira Romancecar yana kai mutum Hakone-Yumoto cikin kusan awa ɗaya da rabi. Ku sayi tikitin Hakone Freepass, wanda ya haɗa jirgin dutse, motar igiya (mai tafiya a sama rataye da waya), jirgin ruwa da motocin bas na yankin. Mafi ƙaranci na kwana biyu ne, amma ko yini ɗaya za ku yi ya fi yankan tikiti ɗaiɗai sauƙin kai. Kuɗin kujerar Romancecar daban ake biya, a nan mutane da yawa ke ruɗewa.

Ku fara sauka a Odawara. Tafiyar minti goma ce daga tasha zuwa fadar gidan Hojo, waɗanda suka riƙe yankin har 1590, lokacin da sarkin yaƙi Toyotomi Hideyoshi ya yi musu ƙawanya ta kusan wata uku suka sallama. Abin da zai ja hankalin Bakatsine shi ne ganuwa: Hojo sun kewaye garin duka, har da gidajen talakawa, da tudun ƙasa da gwalalo mai tsawon kusan kilomita 9. Dabara ɗaya ce da ta ganuwar Katsina, sai dai su saman rami suka fi dogara. Dogon benen da za ku gani yanzu ba na asali ba ne, a 1960 aka sake gina shi da siminti, cikinsa gidan tarihi ne. Awa ɗaya ta isa.

Amma zuciyar tarihin tana bakin tafkin Ashi, wato shingen binciken Hakone. Gwamnatin Tokugawa ta kafa shi a 1619 a kan hanyar Tokaido, wadda ta haɗa Edo (Tokiyo ta yau) da Kiyoto da zango 53. Dalilinsa ne abin ji. An wajabta wa sarakunan larduna su riƙa zama a Edo shekara guda, su koma ƙasarsu shekara guda, matansu da 'ya'yansu kuwa a Edo suke zaune dindindin a matsayin garkuwa. Duk sarkin da ke shirin tawaye, abu na farko da zai yi shi ne ya sulale da iyalinsa. Saboda haka masu gadin suka fi sa ido a kan matan da ke fita daga Edo. Akwai mace ta musamman da aikinta shi ne ta kwance gashin matafiya ta duba su, ta gwada da abin da aka rubuta a takardar izini. Wanda aka kama ya kewaye shingen ta daji, hukuncinsa kisa. An rufe shi a 1869, aka sake gina shi yadda yake a da a 2007. Akwai ɗakin 'yan tsaro a kan tudu, matakalarsa ta dutse ce mai tsayi, kada Kawu ya ce sai ya hau. Kusa da nan akwai layin manyan itatuwan da aka shuka wa matafiya kusan shekara 400 da suka wuce, hanyar shimfiɗaɗɗiya ce, wannan zai iya.

Hajiya 'yar Daura:

Malam ya yi bayani, amma ni maganar asmar ce ta tsaya mini. Ɗana, kada ka kai Kawu Owakudani, wato kwarin dutsen wutar da kake son gani, kada ma ya shiga motar igiyar da ke bi ta kansa. Ba faɗa ta ba ce, a rubuce yake a tashoshin: masu asma, masu ciwon zuciya ko na huhu da masu juna biyu su haƙura. Kwarin yana fitar da iska iri biyu na farar wuta. Ɗaya ita ce mai warin ruɓaɓɓen ƙwai, ɗayar kuma ita ce ke shaƙe maƙogwaro, kuma kaɗan daga cikinta ya isa ya matse wa mai asma hanyar numfashi alhali na kusa da shi ko tari bai yi ba. Takunkumin fuska na takarda ba ya tare ta. Ƙara da cewa wurin ya haura mita 1,000 a sama, ga iska mai sanyi wadda hunturunmu bai kama ƙafarta ba. Maganin shaƙarsa ya kasance a aljihun rigarsa, ba a jakar da aka bari a otal ba.

Kai da ba ka da larura, ka je. Wurin ya samu ne daga fashewar dutsen kusan shekara 3,000 da suka wuce, har yau ƙasa na huci, duwatsun sun yi rawaya. A da "babbar jahannama" mutanen wurin ke ce masa, sai a 1873 aka canza sunan saboda ziyarar Sarki Meiji. Kuma dutsen da ransa. A 2015 ya ɗan yi aman wuta aka rufe wurin sama da shekara guda, a 2019 ma an sake rufewa na wasu watanni. Hukumar yanayi ta Japan tana da matakin gargaɗi daga 1 zuwa 5, da ya kai 2 ake hana zuwa kusa da ramin. Ko a mataki na 1, in iska ta yi ƙarfi ko hayaƙin ya yi yawa, sai a tsayar da motar igiyar.

Abinci kuma, naman alade ba shi ne mai wuyar ganewa ba, romonsa ne. Taliyar ramen yawanci da romon ƙashin alade ake yi, ko ba ka ga yanka ba, ku bar ta. Na biyu shi ne mirin, wata giyar shinkafa mai zaƙi da suke sa wa a girki kamar yadda muke sa daddawa. Taliyar soba, wadda Hakone ta yi suna da ita, ba nama a cikinta, romon kifi ne, amma galibi da mirin a ciki. Haka kamaboko na Odawara, niƙaƙƙen farin kifi da ake turarawa a kan ɗan katako: wasu da mirin, wasu babu, sai an karanta bayan leda. Abin da ba ya da rikici shi ne farar shinkafa, kifin da aka gasa da gishiri kawai, awara, dafaffen ƙwai da 'ya'yan itace. Ka sa ɗan jagora ya rubuta maka da Japananci cewa ba alade, ba romonsa, ba giya ko mirin, ka riƙa nunawa kafin ku zauna.

Akwai amazake, kamar kunun shinkafa ne mai ɗumi. Iri biyu ne: na shinkafa da ƙwayar tsimi ta koji, wanda ba ya da giya, da wanda ake yi da dusar giyar sake. Tsohon shagon shayin da ke kan tsohuwar hanyar Tokaido, mai rufin ciyawa, irin na farkon yake yi. A wani wurin dai a tambaya.

Baban Ummi, Sabon Layi:

Hajiya ta yi gaskiya, kuma maganarta ta canza tsarin tafiyar gaba ɗaya. Hanyar da kowa ke bi ita ce jirgin dutse daga Yumoto zuwa Gora, minti arba'in, sai jirgin da ake ja da waya zuwa Sounzan, sai motar igiya ta haye kan kwarin ta sauka bakin tafki. Wannan ba ta yi muku ba, domin dole Kawu ya ratsa hayaƙin. Ku juya ta.

Ku bar Shinjuku wajen ƙarfe 7. Daga Yumoto ku ɗauki bas mai alamar K, mai bin tsohuwar Tokaido, ku sha amazake a hanya, ku wuce bakin tafki. Wannan bas ɗin ba ya yawan zuwa, in kun sauka sai jagora ya duba lokacin na gaba kafin a zauna. Ku ga itatuwan da shingen, sannan ku hau jirgin ruwa daga Hakone-machi zuwa Togendai, kusan rabin awa. A Togendai Kawu zai zauna da jagora a bakin ruwa, kai ka hau motar igiya zuwa Owakudani, bai kai minti ashirin ba, ka yi rabin awa ka dawo ta inda ka zo. Daga Togendai akwai bas kai tsaye zuwa Yumoto da Odawara. Abin da kuka rasa shi ne jirgin dutsen, mai hawa mita 8 a kowace mita 100, wanda ke juya kai sau uku, direba da kwandasta su sauko su yi musanyar wuri. Abin kallo ne, amma bai kai numfashin dattijo ba.

Inda na saɓa da Malam shi ne Odawara da safe. A Nuwamba rana na faɗuwa wajen ƙarfe 4 da rabi, motar igiya da jirgin ruwa kuma da wuri suke tashi aiki. Fuji ma da safe ya fi bayyana, kafin gajimare ya rufe shi. In aka ba fada awa ɗaya da safe, ta Owakudani aka ci. A bar ta sai dawowa, in lokaci ya rage, ko daga waje ma an ga ginin da gwalalon. Ku kuma guji Asabar da Lahadi da ranakun hutu, lokacin ne ganye ke yin ja, mutanen Tokiyo duk can suke kwarara, layin motar igiya kaɗai zai cinye muku yinin.

Sallah: azahar na shiga wajen 11 da rabi, la'asar jim kaɗan bayan 2. Kada ka kalli gabas don sabo, alƙibla a can yamma ce ta ɗan karkata arewa. Ku tafi da ƙaramar dadduma da gorar ruwa, ku gaya wa jagora tun farko cewa za ku tsaya. Zancen ƙasaru da haɗa salloli ku tambayi malaminku tun kuna gida.

Kafin ka biya kuɗi, ka sa jagoran ya rubuta maka abin da zai yi in an rufe motar igiya ko hazo ya hana jirgin ruwa tashi, da ko kuɗin motarsa da abincinsa a kanku suke, domin galibi haka ne. Ku riƙe takardun yen da sulalla, ƙananan shaguna ba duka ke karɓar kati ba. Ba a ba da tukuici, kuma ka sa leda a jaka, kwandon shara wuya yake yi.

Ɗan Ƙofar Guga:

Allah Ya saka da alheri, Malam, Hajiya da Baba. Na ɗauki tsarin Baba. Saura baƙin ƙwan da nake gani a hotuna, ana ci kuwa? Kuma zan iya sauko wa Kawu da shi?

Hajiya 'yar Daura:

Ƙwan kaza ne kawai, ɗana, ka ci. Ana dafa shi kusan awa ɗaya a ruwan zafin wurin, sannan a turara shi kamar minti goma sha biyar. Sinadarin ƙarfen da ke manne wa ɓawon ne ke haɗuwa da iskar farar wuta ya yi baƙi ƙirin kamar an tono shi daga gawayi, amma in ka ɓare ciki fari ne da gwaiduwa, da ɗan gishiri a ƙunshe. A jaka ake sayarwa, ba ƙwaya ɗaya ba, don haka dama sai ka sami abokin ci. Suna cewa kowane ƙwai yana ƙara shekara bakwai, wannan dai tallar kasuwa ce. Ka sauko wa Kawu da shi da ɗuminsa, ku cinye a ranar. Kada ka ce za ka ajiye tsaraba, baƙin ma kan dushe bayan kwana ɗaya ko biyu.