Jama'a, wace kalma za mu ba "myth" da Hausa?

Salam 'yan uwa. Jiya muna kallon wani gajeren fim na Maya Deren da aka yi a Amurka a 1943, minti 14 ne kacal, ba mai magana a ciki, mace ce ke bin wata halitta mai baƙin mayafi wadda madubi ne a gurbin fuskarta, ga makulli ga wuƙa suna ta dawowa kamar a mafarki. Ƙanina ya ce yaya wannan ai aljana ce, ni kuma mutuwa na gani. Hoto ɗaya fa, kowa da labarin da aka rene shi da shi ya kalla. Na zo zan yi rubutu a kai sai kalmar myth ta tsaya min a wuya.

Wani ya ce in sa camfi. A'a, camfi shi ne kar ka yi shara da dare, ba labari a cikinsa.

Tatsuniya ma ban yarda ba, don ita da bakinta take tona kanta, a ƙarshe a ce ƙurunƙus, ba don Gizo ba da na yi ƙarya. Shi kuwa myth masu shi ba su ɗauke shi wasan dare ba, da shi suke gane daga ina suka fito. Ku duba rijiyar Kusugu a Daura, baƙon da bai san Bayajidda ba rijiya kawai zai gani, amma wanda ya tashi da labarin macijin nan da Daurama da Hausa bakwai wallahi ko leƙawa ya yi da wani ido daban yake leƙawa.

Wata malamar Hausa ta tuna min da tarihihi, wato tarihin da ya cakuɗu da ƙari. Malama na gode, ya dace da Bayajidda sosai, sai dai bai ɗauki labaran farkon duniya da na iskoki ba, irin waɗanda Deren ɗin ta bi har Haiti a 1947 tana ɗaukar bukukuwansu. Ƙissa kuma ta annabawa ce, kar mu taɓa ta.

Ni dai na tsaya a kan hikayar asali, jam'i hikayoyin asali. Mutanen Damagaram da Maraɗi, dan Allah ya ta zauna muku a kunne?