Ƙari ya fito wa yarona a ƙashi, likita ya ce a bar shi. Don Allah ku ba ni shawara

Maman Abba, Tudun Jukun:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Don Allah mai sani ya taimaka min, hankalina ba a kwance yake ba. Yarona ne ɗan shekara 14, shi kaɗai ne namiji a ɗakina. Tun kafin azumin bara ya faɗi wajen ƙwallo, ya dawo gida yana ɗingishi. Lokacin babansa yana Kaduna wajen aiki, sai ƙarshen mako yake zuwa, kuma gidanmu gidan yawa ne, ba a yin komai sai an ji ta bakin Hajiya uwar maigida. Ita ta ce targaɗe ne, a kai shi wajen mai ɗorin da ya gyara wa ƙanen maigida hannu tun yana yaro. Gidan nan kaf ba su san wani ba sai shi, har matar wan mijina da ta zame a bakin rijiya shi ya duba ta, ta kuma warke. Mutumin ya ja ƙafar, ya shafa magani, ya ɗaure. Ɗingishi ya tafi. Amma da aka kwance sai na ga wani abu ya turo a saman gwiwa ta ciki, da tauri, ba ya motsi. Muka koma, ya ce ƙashi ne ya goce, ya yi masa tsaga. Bai sauka ba. Hajiya ta ce jifa ne, don yaron yana ƙoƙari a makaranta kuma idon mutane na kansa. Ya sha rubutu, an yi tofi.

Daga baya dai na kai shi asibiti aka yi hoto. Likita ya ce ƙari ne na ƙashi amma ba mugu ba, mu dawo bayan wata shida. Ta yaya za a ce ƙari ne kuma a ce a bar shi? Ko don ya ga ba mu da hali ne? Babansa ya ce tunda likita ya ce ba komai a rufe maganar. Ni kuwa kullum sai na taɓa wurin.

Ummu Hanifa:
Wa alaikumus salam. Allah ya ba shi lafiya, ya sa kaffara ne. Amma ba ki faɗa mana ba, yana masa ciwo? Yana ƙara girma?

Kawu na Kongo:
Maman Abba, ki saurare ni da kyau. Kada ki yarda da maganar wata shida. Ɗan ƙanwata haka aka yi da shi, shekararsa 16, kumburi a gwiwa. Aka yi ta yawo da shi daga mai ɗori zuwa mai magani, wani ƙaramin asibiti suka ce ba komai. Kafin a kai shi inda ya dace abin ya ci ƙashin, aka yanke ƙafar daga cinya, bai shekara ba Allah ya karɓi abinsa. Ƙari ƙari ne, ba shi da na kirki. Gobe ki ɗauke shi ki tafi Asibitin Ƙashi na Dala a Kano, ki ce a cire. Ko kayan ɗakinki ne ki sayar.

Maman Abba:
Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Kawu ka ƙara tayar min da hankali wallahi. Allah ya jiƙan yaron.

Anti Nas, Samaru:
Kawu, Allah ya jiƙansa, amma a yi hattara, ba kowane ƙari ne ciwon daji ba. Na yi aiki a ɗakin marasa lafiyar ƙashi, ina ganin irin wannan. Maman Abba, ban ga hoton ba, don haka ba zan yanke hukunci ba. Sai dai yadda kika kwatanta, yaro mai tasowa, abu mai tauri kusa da gwiwa, likita ya ce a sa ido, ya yi kama da abin da ake kira ostiyokondiroma. A cikin ƙarin ƙashi marasa illa shi ya fi yawa. Ga yadda yake samuwa: a ƙarshen dogayen ƙasusuwan yaro akwai wani faifan guringuntsi, daga nan ƙashi yake ƙara tsawo. Wani lokaci ɗan ɓangaren guringuntsin sai ya kauce gefe ya ci gaba da yin nasa ƙashin, kamar reshe a jikin itace, da hular guringuntsi a kansa. Shi ya sa aka fi ganinsa a ƙasan ƙashin cinya, ko saman ƙwauri, ko dantse kusa da kafaɗa. Yana girma ne tare da yaron, idan yaro ya gama tsawo shi ma yakan tsaya. Idan guda ɗaya ne, yiwuwar ya rikiɗe ya zama daji kusan 1 cikin 100 ne ko ƙasa da haka, kuma galibi sai an girma.

Abin da ya samu ɗan ƙanwar Kawu ya fi kama da dajin ƙashi. Shi ma yana kama matasa, shi ma ya fi son wajen gwiwa, amma halinsa daban ne: ciwo mai tsanani har ya tashi yaro cikin dare, kumburi mai saurin girma cikin makonni, wurin ya yi ɗumi. A hoto ma ba su cika kama da juna ba. Ki duba takardar sakamakon hoton, me aka rubuta? Kuma wane likita ne ya gan shi, likitan ƙashi ne?

Kawu na Kongo:
Ke Anti, 1 cikin 100 ɗin nan idan ya faɗo kan ɗanka ai ɗari bisa ɗari ne. Mu ma haka aka yi ta kwantar mana da hankali da lissafi. Mene ne wahalar cirewa? A cire a huta.

Anti Nas:
Akwai dalili, Kawu. Abin yana zaune ne dab da faifan da ƙafa take tsawo daga gare shi. Idan aka taɓa faifan wajen aiki ƙafa na iya karkacewa ko ta gaza ɗayar. Idan kuma aka bar ragowar guringuntsin, yana iya sake tsirowa tunda yaron bai gama girma ba. Ana cirewa idan yana ciwo, ko yana danne jijiya har ƙafa ta riƙa mutuwa, ko ya hana lanƙwasa gwiwa, ko ya ci gaba da girma bayan mutum ya gama tsawo. Idan likita yana da shakka sai ya tura a yi hoton MRI, wato hoton na'ura mai nuna guringuntsi da nama, a auna kaurin hular guringuntsin nan. In ba haka ba, sa ido shi ne maganin.

Maman Biyu, Gyallesu:
Ni abin da ya fi ƙona min rai a labarin nan shi ne babansa da ya ce a rufe maganar. Mazan nan halinsu ɗaya. Ni 'yata ta yi ta fama da ciwon ƙafa, kullum sai ya ce girma ne, ashe sikila ce ta taɓa mata ƙashi. Kuɗin gwaji ma sai da na ɗauki adashina. Amma da ƙanwarsa ta tashi aure har bashi ya ci ya yi mata gado da kujeru. Mu ne da jinya, mu ne da kuka, in abu ya lalace kuma mu ne da laifi.

Ummu Hanifa:
Wallahi Maman Biyu kin taɓo min inda yake min ciwo. Ni ko katin asibiti sai na roƙa.

Baban Walid, Sabon Gari:
A daina yi mana kuɗin goro, ba duka aka taru aka zama ɗaya ba. Maman Abba, ni shawarata ki hana shi madara da romon ƙashi. Sinadarin ƙashi ne ya yi masa yawa ya taru wuri ɗaya. Ki samu man zafi ki riƙa murza wurin safe da yamma, zai narke.

Anti Nas:
A'a Baban Walid, abinci ba ya kawo shi, kuma ƙashi ne sosai, murza ba ta narkar da shi. Sai ma ta sa naman da ke kansa ya kumbura. Yaro mai tasowa kada a hana shi madara.

Kawu na Kongo:
Kun gani ko? Wannan ya ce man zafi, waccan ta ce a jira. Haka ake rasa yara. Kuma Maman Abba, gaskiya ɗaya ce, tun farko bai kamata a kai shi wajen mai ɗori ba. Shi ya jawo wannan da jan ƙafar da ya yi. Har da tsaga a kan abin da ba a san ko mene ne ba!

Maman Abba:
Kawu, da sauƙin faɗa. Kai namiji ne. Ni a gidan miji nake, Hajiya ta ce ga inda za a je, in ce mata a'a? Kuma mutumin nan ba ɗan damfara ba ne, mutane nawa ya gyara a unguwar nan, ko sisi bai tsawwala mana ba. Ɗingishin ai a hannunsa ya tafi. Asibitin ma ni na kai shi da kuɗin ɗinkina ba tare da kowa ya sani ba. Ba sakaci na yi ba.

Anti Nas:
Ba wanda zai ce ba ki yi ƙoƙari ba. Kuma in dai irin wanda nake zato ne, ba faɗuwar ce ta kawo shi ba, ba kuma jan ƙafar ba. Yawanci yana nan tun da, sai an bugu a fara shafa wurin sannan a lura. Tsagar ce dai kada a sake, don ƙwayar cuta na iya shiga ta nan. Har yanzu ba ki ba mu amsa ba, yana ciwo? Me ke cikin takardar?

Yaya Ladi, Kofar Doka:
Ki shafa sauran jikinsa ki ji, wuyan hannu, kafaɗa, haƙarƙari, idon sawu. A danginmu akwai wannan, mahaifina yana da su da yawa, ni ma ina da su, cikin 'ya'yana biyu sun ɗauko. Likita a Asibitin Koyarwa na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Shika ya yi mana bayani cewa akwai na gado, idan uwa ko uba na da shi kowane ɗa rabi da rabi ne, ko ya ɗauka ko ya tsira. Irin namu an fi sa masa ido, don yana iya lanƙwasa hannu ko ƙafa. An cire min ɗaya a ƙwauri saboda yana damuna wajen durƙuso, sauran suna nan, ga ni na haura 40 ina harkokina. Ga Shika nan kusa da ke, akwai likitocin ƙashi, ki fara nan kafin Kano.

Kawu na Kongo:
Dala dai. Asibitin da aka gina don ƙashi kaɗai ba zai zama ɗaya da wani ba. Ni na faɗi tawa, kuma zan sake faɗa, a cire.

Maman Abba:
Na gode muku duka. Ciwo kam yakan ce yana jin zafi idan ya daɗe yana gudu, ko in ya buge wurin. Na dare ban sani ba, don a zaure yake kwana da 'yan'uwansa, kuma shi yaro ne mai zurfin ciki. Girma kuma ni a idona ya ƙaru, babansa ya ce yadda yake haka yake. Takardar tana wajen babansa, ya tafi da ita Kaduna a jakarsa. Likitan ban tambaye shi ko na ƙashi ne ba, wanda na samu ranar ne. A danginmu babu mai irin wannan, nasu kuma ba zan iya tambayar Hajiya ba, sai ta ce na ce ciwo daga gidansu ya fito. Zuwa Kano ba tare da izininsa ba ba zai yiwu ba. Jira har wata shida kuma zuciyata ba za ta ɗauka ba. Hajiya ma yanzu ta ce akwai wani mai magani a wajen Giwa da za a kai shi ran Asabar.

Anti Nas:
Ki ce wa babansa ya ɗauki takardar a waya ya turo miki yau. Ki auna wurin da zaren awon ɗinkinki ki rubuta, ki sake bayan wata guda. Kuma ki tambayi yaron maganar ciwon dare, in akwai kada ki jira wata shida. Don Allah kada a bari a sake tsaga shi ran Asabar.

Maman Biyu:
Turo takarda? In irin nawa ne sai ya ce ta ɓata.

Maman Abba:
Na kira shi bai ɗauka ba. Maganar Asabar kuma ban san yadda zan yi da Hajiya ba, ta riga ta sa an yi wa mai mota magana.